Mutuwar Kawu Gefe

Duk wanda zai lissafa manyan 'yan fim bai fara da Kawu Gefe ba, to ya ci amanar tarihi. Shekara ashirin da bakwai bawan Allahn nan yana yi wa sana'a hidima. Shi ne likitan da ke fitowa ya girgiza kai. Shi ne maƙwabcin da ke shigowa rabon faɗa a ture shi. Alƙali kuwa ya fito a shi sau tara, ko da yake a bakwai daga ciki hannunsa kawai aka nuna riƙe da guduma. Shi dai Ginshiƙi yake kiran kansa. Abokan aiki ne, da ba su san darajar manya ba, suka laƙaba masa Kawu Gefe, wai don kullum a gefen hoto yake, kunne ɗaya a waje.

Abu ɗaya ne ya tsaya masa a rai: ba a taɓa yi masa kuka ba. Burinsa a duniya ya samu fitowa ɗaya tak da za ta sa masu kallo zubar da hawaye.

Kwatsam sai abin nema ya samu. Aka ba shi mahaifin jaruma a wani shiri mai dogon zango, kuma zai mutu a kan gado, a tsakiyar hoto. Takarda ta ce ya dubi 'yarsa, ya rufe ido, shi ke nan. Kawu ya ce wannan raini ne.

"Irina ba ya mutuwa kamar kaza," ya gaya wa darakta. "Mutuwa ilimi ce, yaro. Ni na karance ta."

Aka fara ɗauka da safe. Kawu ya rufe ido, jaruma ta buɗe baki za ta yi kuka, sai ya farfaɗo da wasiyya. Aka sake. Ya mutu, ya tashi ya raba gadon gonar da babu ita a labarin. Aka sake. Wannan karon ya yi ta shure-shure har ya harbar da fitila. A karo na goma sha ɗaya ya cika lafiya lau, amma ya buɗe ido ɗaya don ya ga ko kyamara na kansa. Jaruma ta ce ita hawayenta ya ƙare, sai dai a sayo wani. Darakta ya dafe kai ya ce a je a ci abinci.

Kawu ya share kwano biyu, don mutuwa aiki ce mai cin ƙarfi. Ya koma gadon wai zai yi nazarin fitowar. Katifa mai laushi, fanka na kaɗawa. Da darakta ya leƙo, sai ya sa yatsa a baki alamar a yi shiru, ya yafito mai kyamara da jaruma. Minti uku suka ɗauka. Munsharin kuwa, mai tace hoto ya san yadda ya yi da shi.

Ranar da za a nuna, Kawu ya tara maƙwabta a falo. Ya ga babu wasiyya, babu gona, har ransa ya fara ɓaci. Sai ya ji sheshsheƙa a bayansa. Matar tela na share ido da mayafi, mai shago ya sunkuyar da kai. Wallahi ni ma da nake ba ku labarin nan sai da na goge ido. Kawu ya gyara zama.

"Kun ga yadda na saki muƙamuƙin nan? Wata uku ina koyonsa gaban madubi. Hannun da ya zame kuwa, ko a ƙasashen waje mutum biyu ne suka iya."

Mai ɗakinsa ta shigo da tire, ta tsaya ta ƙura wa talabijin ido, ko ƙwalla babu. Ta ce ita shekara talatin tana ganin wannan mutuwar kullum da rana, a kan kujerar nan da yake zaune, har da ƙafar hagun da ke karkacewa.

"Malam, wannan ai barcin ƙoshi ne," ta ce, tana ajiye kofuna. "Kwano nawa suka ba ka?"