Na'urar da Ke Jiran Almakashi

Jiya na yi sammako na ɗora Inna a bayan babur, bayan na ƙarar da yinin shekaranjiya a layin mai don in samu abin da zai kai mu asibiti ya dawo da mu. Yanar ido ce ta rufe wa Inna gani, har ta kai sai da murya take rarrabe jikokinta. Likitan ido baƙo ne, ƙarshen makon nan zai koma inda ya fito, kuma ya ce ba zai taɓa idon tsohuwa ba sai an auna zuciyarta ya ga sakamako. Awo ne da ake gamawa kafin shayi ya huce.

Muna shiga ɗakin awo ma'aikaciyar jinya ta tare mu. "Malam, na'urar ba ta aiki."

Na ce, "Ta lalace ne?"

"Lafiyarta ƙalau. Ta awon jini ma haka, ta hoton ƙirji ma haka. Duk lafiyarsu ƙalau, aiki ne dai ba sa yi."

Na ce a raina, ashe su ma sun shiga sahun manya. Na zaunar da Inna a benci na nemi mai gyaran kwamfutar asibitin. Na same shi ya yi tagumi gaban allo, ya yi mini bayani da muryar wanda ya gaji da maimaitawa. Na'urorin nan uku, in ji shi, manhajarsu a kwamfuta ɗaya take, kuma akwai wani ɗan fayil da suke tarayya a kansa, kowacce sai ta are shi kafin ta yi aiki. Nan take na gane, domin a gidan haya na girma, inda guga ɗaya ke yi wa kowa hidima a bakin rijiya.

To sai aka sayo sabuwar na'ura, mai sheƙi, mai tsada. Ɗan kwangila ya zo ya saka manhajarta, ita kuma ta zo da nata sabon fayil mai suna iri ɗaya, ya hau kan tsohon ya shafe shi. Tsofaffin na'urori suka miƙa hannu aro kamar kullum, suka ji abin da ba su sani ba, suka tsaya cak.

Na ce, "To a mayar musu da tsohon mana."

Ya ce, "Kwafinsa yana nan a aljihuna. Ana ma iya ajiye wa kowacce nata daban. Amma ɗan kwangila ya kulle kwamfutar, kuma an ba da umarni kada wanda ya taɓa ta sai an yanke ƙyallen buɗe sabuwar na'ura."

"Yaushe za a yanke?"

Ya kalli silin. Ya ce an sa rana, Mai Girma Uban Almakashi, wanda zai yanke ƙyallen, ya yi tafiya. An sake sawa, aka ce mai ɗaukar hoto bai shirya ba.

Ban yi ƙasa a gwiwa ba, na hau bene wajen mai babbar kujerar asibitin. Sanyin ofishinsa kaɗai ya isa ya warkar da zazzaɓi. Na durƙusa na ce, "Ranka ya daɗe, tsohuwata ce, likita zai tafi." Ya yi murmushi ya ce ai kamata ya yi in yi alfahari, domin irin wannan na'ura babu ita a ko'ina kusa. Na tambaya me take aunawa. Ya ce an kafa kwamitin da zai gano hakan, da kuma wanda za a tura ya koyo sarrafa ta. Ya ƙara da cewa a ba Inna haƙuri, suna sane da ita.

Gaskiya na jinjina wa manyanmu. Wani can sai ya kashe wutar asibiti ko ya kori ma'aikata kafin ya tsayar da aiki. Namu kuwa da sabon kaya suke yi, cikin mutunci, har da ƙyalle mai launi. Ba a saci komai ba, ba a fasa komai ba, ƙari ma aka yi mana.

Da na ba maƙwabcina mai faci labari, sai ya ce, "Ka aro almakashin tela mu je mu yanke musu, in ya so ni in yi jawabi kai ka yi tafi." Na yi dariya, amma wallahi dariyar ba ta kai ciki ba. Tsoro nake ji, don in likitan nan ya tafi, ba wanda ya san ranar dawowarsa, Inna kuma ba yarinya ba ce.

Lokacin da za mu fito daga asibitin, ina riƙe da hannunta, muka bi ta gaban ɗakin sabuwar na'ura. An goge ta tas, an ɗaura mata jan ƙyalle, wani ma'aikaci na kaɗe mata ƙura. Inna ta ji na rage tafiya.

"Ita ce nan?"

"Ita ce, Inna."

"Tana da kyau?"

Na ce sosai ma.

Ta gyara mayafinta ta ce, "To tsaya ka kalle ta da kyau, ɗan nan. Ka kalla har da rabona."