Kek Ɗin Tuffa a Saman Kwaba

Ba zan taɓa mantawa da abin da Ummu Maryam ta yi min ranar ƙaramar Sallah ba. Matar da muka shekara ashirin da shida tare, ta san abin da ke cikin kwanon nan tun saura kwana goma Sallah, ta tsuke bakinta, ta bar ni na buɗe shi a gaban surukai. Har yau in na tuna sai na ji ƙeyata ta yi zafi.

Ga yadda abin ya faro. Ina saurayi na yi shekara tara ina tuƙa wata Baturiya da muke kira Madam, likitar haƙori, a arewacin Jidda. In bikinsu na Kirsimeti ya gabato, sai ta aike ni kasuwar Bab Makka in sayo zabibi da busasshen ɓaure da dabino da kirfa. Ta dafa tuffa, ta dama ta koma kamar kunu, ta zuba a ƙullin kek maimakon man shanu, wai saboda zuciyar mijinta. In kek ɗin ya gasu ba a ci nan take. Naɗe shi take yi ta ajiye wata guda, duk mako ta yayyafa masa ruwan tuffa. Na ci, kuma wallahi ban sake cin irinsa ba.

Shekara da shekaru ina ba mutanen unguwarmu ta Nuzla labarin kek ɗin nan, labarin kuma yana girma. Da farko ni ke sayo kaya. Daga baya ni ke damawa. Kafin 'yata Maryam ta isa aure, ni ne ma na koya wa Madam. (Gaskiya iyakata ƙofar kicin. In ajiye leda, a ce shukran, in koma mota.)

Maryam ta auri ɗan Alhaji Usman na unguwar Bagdadiyya, masu shaguna, 'ya'yansu duk sun yi jami'a. Ni a aji huɗu na tsaya. Aka ce za su zo mana karin kumallon Sallah, karon farko da za su zauna a gidanmu su ci abinci. A Jidda kuwa ba a Sallah sai da dibyaza, haɗin busassun 'ya'yan itacen nan da mata ke dafawa kafin a ga wata. Ummu Maryam ta riga ta sayo kayanta. Na ce kowane gida dibyaza za a ba su, ni zan ba su abin da da kuɗinsu da bokonsu ba su taɓa ci ba. Na kwashe mata zabibi da ɓauren kaf.

Biyu ga azumi, bayan la'asar, na shiga kicin. Ƙato da azumi a baki, ba damar ɗanɗanawa, ina dama tuffa da muciya, gumi na zuba. Amma ya gasu, ƙamshi har maƙwabta suka aiko tambaya. Na naɗe shi a tsumma mai tsabta, na sa a kwano mai murfi, na ɗora saman kwaba a ɗakinmu. Ummu Maryam ta tambaya ko ba za a sa a firji ba. Na ce kek ɗin Turawa ba ya son firji, kowa ya tsaya a abin da ya sani. Ta ce to.

(Ni fa ban taɓa ganin inda Madam ke ajiye nata ba. Kuma gidanta sanyi ne dare da rana, har sai ka nemi rigar sanyi. Ɗakinmu kuwa, ko ƙwai ka ajiye da rana sai ya dahu.)

Duk Juma'a in hau kujera, in ɗaga murfi, in kwarara ruwan tuffa ta saman tsumman. Ban warware ba, don kada ƙamshi ya gudu. A mako na uku na ji wani tsami-tsami, na ce nuna yake yi.

Ranar Sallah aka sauko daga idi, baƙi suka zo, aka shimfiɗa ledar cin abinci, ga cuku, ga zaitun, ga burodi. Na shigo da kwanona da hannu biyu. Sai da na yi jawabi, na ba su tarihin Madam, har da yadda na koya mata. Sannan na yi bisimilla na warware tsumman.

Jama'a, gemun kek ɗin ya fi nawa. Funfuna kore da fari, lif, ko'ina. Warin ya tashi, matar Alhaji ta ja mayafi ta rufe hanci kamar tana gyara shi. Maryam ta sunkuya tana danne dariya. Alhaji Usman, mutumin kirki, ya leƙa kwanon ya daɗe, sannan ya ce, "Masha Allah, Abu Maryam. Haka Turawan ke cin sa?"

Ni kuma, don ƙarfin hali, na ce, "Wani lokacin."

Ummu Maryam ta tashi ba ta kalle ni ba, ta ɗauke kwanon, ta dawo da babbar tasa cike da dibyaza. A gidan ƙanwarta ta dafa, a ɓoye. Alhaji ya ci ya ƙara, yana cewa yanzu ya gane inda Maryam ta samo hannu. A nan na gane ta sani.

Da suka tafi na same ta tana wanke kwanuka. Na tambaye ta tun yaushe. Ta ce kwana goma, layin tururuwa ta bi har saman kwaba. Na ce me ya hana ta faɗa min. Ta ce ai ta faɗa ranar farko, aka ce kowa ya tsaya a abin da ya sani, ita kuma dibyaza ta sani.

Ƙaryar da ka shekara ashirin kana yi wa mutane, kai ne mutum na farko da take kamawa, wannan na gane shi. Amma ban yarda na fita haka ba. Na ɗauki tawul ina goge mata faranti, na dube ta ido cikin ido na ce, "Kin zalunce ni, Ummu Maryam. Shekara ashirin da shida kin san ba na jin magana a karon farko. Daga yau ki riƙa faɗa min sau biyu."