Yadda Tsohon Ɗan Baya Zai Hana 'Yarsa Wuce Shi Da Ƙwallo

Idan kai tsohon ɗan baya ne, wato ka ƙarar da ƙuruciyarka kana hana 'ya'yan mutane cin ƙwallo ana biyanka albashi, yanzu kuma Allah ya jarrabe ka da 'ya mai buga gaba, to gyara zama. Na yi maka alkawari, in ka bi matakan nan yadda na jera su, za ka tsufa da sunanka cif, ba mahaluƙin da zai buɗe baki ya ce ya ga ranar da aka wuce ka. Ni gola ne. Na yi shekaru a raga ina tsaye a bayan 'yan baya, na san ƙeyarsu fiye da fuskarsu. Yanzu tayoyin mota nake sayarwa, amma ilimin bai je ko'ina ba.

Wanda za mu yi karatu a kansa shi ne Sakata, abokin wasana. Ƙa'idarsa ɗaya ce tun muna samari: ko ƙwallo ta wuce, ko mutum ya wuce, amma su biyun ba sa wucewa tare. Da wannan ƙa'ida ya gina gida, ya yi aure, ya tara jan kati, ya yi ritaya da gwiwa ɗaya mai aiki da ɗaya mai ƙara irin ta ƙofar tsohuwar mota. Autarsa 'yar gaba ce. Wani babban kulob na mata ya kira ta gwaji, ita kuma ta kafe cewa ba inda za ta sai ta wuce ubanta da ƙwallo ko sau ɗaya. In ba ta iya wuce mai gwiwa ɗaya ba, in ji ta, me za ta je ta yi wa masu biyu? Motarta ranar Asabar za ta tashi.

Mataki na 1: Ka share maganar waje

Ɗan baya na ƙwarai ba ya tambayar inda ƙwallo za ta sauka, shi dai ta bar gabansa. Haka za ka yi da maganar. Duk lokacin da ta taso, ka ɗauke ta da ƙafa ɗaya ka aika ta bayan fili.

Sakata ya iya wannan. Suna shan shayi da safe Auta ta ce, "Baba, yaushe za ka tsaya mini?"

Ya kurɓi shayinsa ya ce, "Wa ya bar famfon banɗaki yana ɗiga?"

Ka lura, ba a bar famfon yana ɗiga ba. Amma kafin a je a duba a dawo, ya sa takalmi ya fita. Gidan da ke da famfo, da mita, da ƙofar da ba ta rufuwa sosai zai iya ɗaukar ka kwanaki.

Mataki na 2: Ka nemi ciwo mai mutunci

Kada ka kuskura ka ce gwiwa. Gwiwar ita ce gaskiya, kuma ɗan bayan da ya ambaci gwiwarsa ya nuna wa ɗan gaba hanya. Ka zaɓi ciwon da ba ya cikin sana'a: haƙori, kunne, ƙaiƙayin ido.

Sai dai ka riƙe ciwo ɗaya. A nan Sakata ya yi sakaci, ya riƙa yawo da nasa. Matarsa tana ninke kaya a kan gado, ko kallonsa ba ta yi ba ta ce, "Baban Auta, shekaranjiya kunne, jiya haƙori, yau wuya. Ka tsayar da shi wuri ɗaya mu san inda za mu shafa magani."

Ya ce ciwon tsofaffin 'yan wasa haka yake, zagayawa yake yi. Ta ce to Allah ya sa kafin Asabar ya zagaya ya fita.

Mataki na 3: Ka tsorata ta da tarihi

Wahalar sana'armu ita ce duk abin da ɗan baya ya yi a rayuwarsa abin da bai faru ba ne. Ɗan gaba yana da hotuna yana gudu da hannu a sama. Kai kuwa in ka fito a hoto, to alƙalin wasa ne a gabanka yana laluben aljihu. Don haka da baki za ka kafa hujja.

Sakata ya zaunar da ita a falo, ƙarƙashin tsohuwar rigarsa da ke rataye cikin gilashi, ya ce, "Kin taɓa jin sunan Walƙiya?"

"A'a, Baba."

"To ni ne dalili."

Ya lissafo mata wasu irinsa, duk ba ta taɓa jin su ba, duk shi ne dalili. Ta saurara da ladabi har ya gama, domin yarinya ce mai tarbiyya. Sannan ta ce, "Baba, na ji. Amma in ba ka tsaya mini ba, gobe zan kira su in ce su ba wata gurbina."

Ya dube ta ya ga ba wasa take yi ba. Shi ya koya mata taurin kai, ya san kayansa in ya gani. Ya ce ranar Juma'a da yamma.

Mataki na 4: Ka matse filin

In ba makawa sai an yi, kai za ka zaɓi wuri. Kada ka yarda da fili mai faɗi, faɗi abincin ɗan gaba ne. Sakata ya zaɓi bayan gida, inda ake ajiye motoci, tsakanin katanga da wata tsohuwar mota da ba ta tashi. Ya kafa bokitai biyu a matsayin raga, ya kira ni in tsaya a tsakaninsu. Da Auta ta sunkuya ɗaura takalmi, ya sa ƙafa ya matso da bokiti ɗaya ciki. Wannan ba ha'inci ba ne, gogewa ce.

Abin da bai shirya masa ba shi ne 'yan kallo. Makanikin bakin titi ya zo da mai a hannunsa. Tela ya leƙo ta tagar bene da almakashi. Mai aski ya taho da wanda yake yi wa aski, rabin kai a aske. Dukansu sun sha jin labarin Walƙiya a bakinsa, ba sau ɗaya ba. Ka guji shaidu, musamman waɗanda ka taɓa ba labari.

Mataki na 5: Ka ɗaga hannu, sannan ka yi aikinka

Da ta taɓa ƙwallo, ka ɗaga hannu sama ka dubi alƙali. Ba sai da dalili ba. Sakata ya ɗaga nasa ya ce satar gida. Matarsa, wadda aka ba alƙalanci saboda ita kaɗai ce duka ɓangarorin ke tsoro, ta ce, "Satar gida da wa? Ku biyu ne a filin. Sauke hannunka."

Daga nan sai aiki. Kuma gaskiya in faɗa maka, ilimin yana nan a jikinsa. Bai kalli ƙafafunta ba, bai kalli kafaɗarta ba, ƙwallon kawai yake kallo. Ya ba ta gefen katanga, ta shiga, ya rufe. Ta dawo ta gwada gefen motar, ya sa jiki ya tokare ta ya ɗauke ƙwallon a hankali kamar mai ɗaukar kofi a kan tebur. Ta sake, ya sake. Makanike ya ce, "Ashe dai da gaske ne."

Sakata ya ji daɗin wannan magana har cikin ransa, ba zan ɓoye maka ba. Ya daɗe bai ji daɗi irinsa ba. Sai kuma ya dubi 'yarsa. Tana tsaye da hannu a ƙugu, tana kallon ƙasa, kafaɗunta sun sauka. Ya san wannan tsayuwar. Ya sa manyan maza sun yi ta, kuma yawancinsu ba su ƙara zama 'yan wasa ba. Kunyar daɗin da ya ji ta kama shi.

Ta ce, "Shi ke nan, Baba. Na gane."

A nan ya kamata ka karɓi nasararka ka shiga gida ka yi wanka. Sakata ya tura mata ƙwallon ya ce, "Ban ji an busa tashi ba. Ɗauki ki zo. Kuma ki daina kallon fuskata, ba ubanki ba ne a nan."

Kada ka taɓa ba ɗan gaba shawara. Suna amfani da ita.

Mataki na 6: Ka sa ƙafa

Ta taho a hankali wannan karon. Ta daina kallon fuskarsa kamar yadda ya ce, sai ta kalli abin da ya rage, wato gwiwar hagu. Ta karkata ta damansa har ya ɗora nauyinsa a kan mai lafiyar, sannan ta ja ƙwallon ta bi ta hagunsa, inda sai ya juya a kan mai ƙarar. Bai juyu ba. Ƙwallo ta wuce shi, Auta tana bin ta.

Wannan shi ne matakin da aka gina rubutun nan dominsa. Ƙwallo ta wuce, saura mutum. Ba sai ka yi tunani ba, ƙafarka ta san aikinta. Ta Sakata ma ta sani. Daga raga na ga ta tashi da kanta, ta miƙe daidai idon sawun yarinyar, wurin da ba ya kuskurewa. A kan siminti ake, kuma gobe za ta tafi gwaji. Shi ma ya ga idon sawun: siriri, cikin farar safa da uwarta ta wanke da safe. Na san ƙeyar mutumin nan a gaban 'yan kallo masu jifa da kwalabe, ban taɓa ganin tsoro a kanta ba sai ran nan.

Ya janye ƙafar tana tsakiyar tafiya. Jiki mai nauyin Sakata ba ya fasa abin da ya fara a kyauta. Duk nauyin ya koma kan gwiwar hagu, ta yi wata ƙara da har tela ya ji daga bene, ya zube a gindin motar.

Auta ta buga, ƙwallo ta bi tsakanin bokitan. Rana ce ta shiga idona, amma wannan ba darasin yau ba ne.

Mataki na 7: Ka ce ƙyale ta ka yi

Ko a nan ba ka rasa komai ba. Kana kwance, kowa ya ga ka janye ƙafa, magana ɗaya ce za ta cece ka. Ka yi murmushi ka ce, "Ai 'yata ce, ƙyale ta na yi." Mutane za su gyaɗa kai, sunanka ya tsira, har a ƙara maka da na tausayi. Ita kuma za ta kwance jakarta ta zauna a gida, ka ci gaba da samun mai miƙo maka ruwa.

Mai aski ma ya share masa hanya. Ya ce, "Uba ne, ya bar mata."

Auta ta dawo ta durƙusa a gabansa. Ba ta yi murna ba. Ta ce, "Baba, ka faɗa mini gaskiya. Bar mini ka yi?"

Zufa tana zuba a fuskarsa. Ya dubi makanike, ya dubi mai rabin aski, ya dubi tagar tela. Na yi masa alama da ido daga raga, irin wadda muka saba, amma bai kalle ni ba.

Ya ce, "Kin riga kin wuce kafin ƙafar ta tashi. Abin da na janye ƙeta ce, ba tarewa ba." Ya ɗaga murya don na bene ya ji. "Ta wuce ni. Ita da ƙwallon, tare. Je ki haɗa kayanki."

Sai a lokacin ta fashe da kuka. Matarsa ta ce a kamo shi ta kafaɗa, kuma kada wanda ya taɓa ƙafar. Mu huɗu muka ɗaga shi. Washegari daga gadon asibiti ya yi sallama da ita, ta waya.

Sanarwa

Mai wannan rubutu ya sauke nauyinsa. Matakan nan ingantattu ne, kuma wanda ya bi su har ƙarshe sunansa zai tsira. Abin da zai samu 'yarsa ba ya cikin alkawarin. Wanda kuma ya bi su rabi ya saki, kamar Sakata, kada ya zo wurina. Ba ruwana da gwiwarsa, ba ruwana da sandar da zai dogara, ba ruwana da shirun da gidansa zai yi da yamma. Haka nan ba ni da alhakin abin da ke faruwa a shagona yanzu, inda wani tsohon ɗan baya yake wuni a kan benci yana tare mini masu sayen taya. Mutum ya zo da sauri, sai ya riƙe masa hannun riga, ya miƙe da ƙyar, ya jingine sandar, ya ce masa, "Tsaya nan, kai ne ni. Bari in nuna maka yadda ta yi."