Farin Wake a Goran Iri

"Salamu alaikum, masu gida. Wannan tsohon bawan nawa yana nan kuwa, ko an kai shi kasuwa ba a taya ba?"

"Wa alaikumus salam. Shigo, ai tun kina zaure na ji warin daddawa, na san ke ce."

"Lafiya lau na wuni, tunda kai ba a koya maka gaisuwa ba. Ya jikin?"

"Da sauƙi, kafin in gan ki."

Inna Hure ke nan da Baba, uban mijina. Uwarta da ubansa ciki ɗaya suka fito, taubasai ne, kuma duk da sun haura saba'in ban taɓa jin ɗayansu ya gaya wa ɗaya magana mai daɗi ba. Na shimfiɗa mata tabarma a gindin darbejiya kusa da shi, na koma bakin murhu ina tankaɗe kamar ba ruwana. Alhali kunnuwana duka biyun suna wurinsu, don ni na aika aka kira ta.

Shekarar nan ce da kwanon masara ya gagari mai iyali. Maigidana ya tafi birni neman abin da za a sa a tukunya, aka bar ni da Baba. Da rani ɓarin jikinsa na dama ya saki, harshensa ya yi nauyi har kwana uku, Allah ya taƙaita ya dawo daidai. A asibiti suka ce kitse ne ya taru masa a jijiyoyin jini. Ban da maganin hawan jini, suka haɗa shi da wata farar ƙwaya, sitatin suke ce mata, ɗaya kullum, don kada abin ya sake dawowa. Na hawan jinin yana sha ba gardama. Farar kuwa, mako biyu ke nan in na miƙa masa sai ya ce Allah ya yi albarka, ina juya baya ya jefa ta cikin goran irin wake da ke rataye a bakin ɗakinsa. Da idona na gani. To wace suruka ce za ta tsaya gaban uban mijinta ta ce ya yi mata wayo? Bakina ba zai iya ba, amma na Inna Hure babu abin da ba ya iyawa.

"Me ya kawo ki?" in ji Baba. "In tuwo ne, ba a ma ɗora ba."

"Tuwon gidanka da ake hango gindin kwano ta cikinsa? Iri na zo karɓa. Nawa jikoki sun ga bayansa tun da azumi."

"Kin cinye iri, Hure? Ke kam ko ɓera ya fi ki tattali."

"Ɓeran gidanka ai ya yi ƙaura, na gamu da shi a hanya da kayansa a ka. Miƙo min goran can."

"Babu komai a ciki."

"Ka huta, ni zan duba."

"Ke, ajiye min gorana! Hure! Baiwa ba ta taɓa kayan ubangidanta!"

Kafin ya lalubo sandarsa ta riga ta sauke goran, ta zare tsumman da aka toshe bakinsa, ta juye a faifai. Wake ya zubo da tokarsa, ga fararen ƙwayoyi nan tsamo-tsamo a ciki. Ta ɗauki ɗaya ta ɗaga sama tana juya ta.

"Ikon Allah! Ɗan Iya, wannan wane irin wake ne, fari fes babu hanci? Shuka shi za ka yi ya tsiro maka da likita?"

"Maganin ƙwari ne."

"Ƙarya a bakin mai furfura! Wannan ai maganin kitsen jini ne. Ni abin da ma ya ɗaure min kai, kai da rabonka da nama tun layya, ina ka samo kitse? Ko lasar tukunyar maƙwabta kake yi?"

"Gado na yi. Mu 'ya'yan maza da maiƙonmu ake haifarmu."

"To me ya hana ka sha, mai maiƙo?"

Baba ya kalli inda nake, na ƙara duƙufa a kan rariya. Ya rage murya, amma ina ji.

"Ke ba ki san komai ba. A majalisa aka faɗa, wani ya gani a waya. Maganin nan aikinsa narkar da kitse. To kin taɓa fasa kan rago? Ƙwaƙwalwa mece ce in ba kitse ba? Ya gama da na jini ya hau sama."

"In dai wannan ne ka sha kuruminka. Ko ya hau, ɗaki zai tarar a share."

"Wasa kike. Kwana goma da fara sha na je kasuwar Ɗanbatta a kan keke, na dawo a mota. Sai da na zo ƙofar gida na tuna da keken."

"Ahaf! Shekarar da aka yi babban fari, wa ya je kasuwar nan da jaki ya dawo da buhun dusa a ka, jakin yana can a ɗaure har washegari? Lokacin wace ƙwaya kake sha?"

"Jakin ne ya ƙi tafiya."

"Ranar sunan Muntaka fa? Liman ya ce wane suna, ka buɗe baki ka tsaya, sai da aka aika cikin gida aka tambayo. Shi ma sunan ne ya ƙi tafiya?"

Maigidana ke nan ake magana a kai. Na cusa bakin mayafi a baki don kada dariya ta tona min asiri. Na ɗauka Baba zai rama, don bai saba barin bashin magana ba. Amma da na ɗago, yana ta jujjuya ƙwayar wake ɗaya a tafin hannunsa.

"Hure, Alhamis dagaci zai fita iyakar gonar Basiru."

Kowa a garin ya san maganar. Basiru ya rasu bara, ya bar matarsa Asama'u da 'ya'ya biyar da 'yar gona ɗaya. Wani mai hali daga birni ya sayi gonar da ke maƙwabtaka da ita, ya sa tarakta ta nome gambar da ke kan iyaka, yanzu yana cewa kunya shida na cikin gonar marayun nasa ne.

"Duk waɗanda aka raba gonar nan a gabansu tun zamanin uban Basiru sun riga mu gidan gaskiya," in ji Baba. "Ni kaɗai na rage. Jiya na je na tsaya a wurin. Tsamiyar da nake kwatance da ita an sare an yi gawayi, gamba babu. Na duba gabas na duba yamma, wallahi ban gane komai ba. Yarinyar nan Asama'u tana bayana tana jira in nuna. Hure, tsoro ya kama ni. In na tsaya gaban jama'a na buɗe baki kamar ranar sunan nan, abincin yara biyar ya tafi."

Tausayinsa ya cika min ciki har na kasa ci gaba da tankaɗen. Ni duk zatona taurin kai ne irin na tsofaffi, ashe abin da yake ɗauke da shi ke nan shi kaɗai. Inna Hure ta kaɗe toka daga zaninta. Can sai ta taɓe baki.

"Yo wannan ne abin tsoro? Ka yi zamanka a gida, ni zan je. Ai mutumin birnin nan gaskiya gare shi. Gonar Basiru a bakin suri ta tsaya."

"Wane suri?"

"Surin da ke yamma da tsamiya."

"Babu suri a yamma! Surin yana kudu, wajen tsohuwar rijiya, kuma shekara ashirin da rushe shi."

"To a bakin rijiyar ta tsaya. Ina wurin aka raba, ni na riƙe igiya."

"Ke? Kina yawo da majina a hanci? Ba a ma auna da igiya ba, da taku aka auna, Babana ne ya taka da ƙafarsa!"

"Kawu bai je ba, yana kwance da kurkunu."

"La ilaha illallahu! Kurkunu da damina ya yi, rabo kuwa da bazara aka yi, ranar da kika fasa dutsen niƙan Goggo kika ce ni ne, aka zane ni da tsumagiya a banza!"

"Ban san an yi ba."

"Ba ki sani ba? Ina kuka Babana ya ɗora min rabin dutsen a ka, ya ce tunda na fasa in ɗauka. Na kai shi har gona, aka haƙa rami iya gwiwa, taku bakwai daga gindin tsamiya ta wajen alƙibla, aka binne shi a kusurwa don ya zama shai..."

Ya tsaya cak, baki buɗe, hannunsa a sama yana nuna gabas. Inna Hure ta ci gaba da tsince ƙwayoyi daga cikin wake kamar ba da ita ake ba.

"Dutsen yana nan," ya faɗa a hankali. "Kututturen tsamiyar ma ai ba su tone shi ba. Taku bakwai." Sai kuma ya murmure ya gyara hula. "To kin gani! Don na daina sha ne kan ya buɗe."

"Jiya da ka tsaya a gona kamar turke, sha kake yi? Mako biyu wake ne ke shan maganinka."

Ta kwance bakin zaninta ta fito da wani ɗan katin magani da aka ɓalle rabinsa, ta jefa masa a cinya. Irin nasa ne sak.

"Shekara uku ina haɗiyar wannan, kuma duk abin kunyar da ka yi tun kana tsirara babu wanda ya ɓace min. Zulai! Ke kika raka shi asibiti, me likitan ya ce?"

Ban ɗago kai ba na ce, "Ya ce yawancin masu sha ba ya taɓa musu tunani. Akwai kaɗan da sukan ji kansu ya yi dum ko mantuwa ta dame su, in an ji haka a koma a faɗa masa, ya rage ko ya canja wani, abin yakan wuce. Amma ya ce kada a daina ba da saninsa ba."

"Ka ji. Yarinya ta riƙe, kai kana can kana kallon fanka." Sai muryarta ta sauka, irin yadda ban taɓa ji ba. "Ɗan Iya, ka manta yadda Malam ya ƙare? Shekara biyu mijina yana kwance yana bin mu da ido. Komai yana cikin kansa, ya san sunan kowa, bakin ne ya ƙi. Kai ma kwana uku ka ɗanɗana. In abin nan ya dawo maka kafin Alhamis, dutsen yana kanka, wa zai shiga ya ɗauko wa Asama'u? Ni kuma wa zan zaga? Duk sun tafi, kai kaɗai ka rage min, mummuna."

Ta juya kai wai toka ce ta shiga mata ido. Baba ya ɗauki katin da ke cinyarsa ya duba.

"Laraba zan koma wurin likitan in gaya masa zancen keke," in ji shi. "Ke kuma ɗebi rabin waken ki ba ni wuri. Alhamis ki zo da fartanya. Ke kika fasa dutsen, ke za ki tono shi."

"Na ji, ni na fasa. Sai me?"

"Allahu akbar! Shekara sittin ina jiran wannan kalma!"

Ya yi dariya har da tari, ita ma ta biye masa tana ƙulle wake a gefen mayafi, tana ƙorafin wai rabin nasa ya fi nata yawa. Na kawo ruwa a moɗa da sabuwar ƙwaya daga kwali, na durƙusa na miƙa, na yunƙura zan juya kamar kullum.

"Tsaya, 'yar nan," in ji Baba. Ya jefa ta a baki ya kora da ruwa, ya buɗe min tafin hannunsa in gani. "Daga yau ki riƙa tsayawa sai na haɗiye. Ba sai kin sake aikawa an ɗauko min wannan annobar ba."