Tuwon Da Na Ce Ni Na Tuƙa

Ba zan taɓa mantawa da Asabar ɗin da mutanen unguwarmu suka miƙa mini muciya ba. Ko yanzu in na ga ana tuƙa tuwo a babbar tukunya, sai in kau da kai in wuce.

Lokacin watana uku da samun canjin wurin aiki daga Malumfashi zuwa wata firamare a Funtuwa. Na kama haya a wata tsohuwar unguwa inda kowa ya san kakan kowa, a nan kuma na tarar da ciyayya. Kullum bayan Magariba magidanta kan shimfiɗa tabarmi a ƙofar gidan Mai Unguwa, Alhaji Sale, kowa ya fito da kwanon tuwon gidansa, a haɗa a tsakiya a ci tare. Ni a gidajen ma'aikata na tashi, inda kowa ke cin nasa a bayan ƙofa, don haka abin ya burge ni ƙwarai. A kan tabarmar nan ake gane ɗan unguwa da ɗan haya mai wucewa. Ni kuwa ba abin da nake so irin a daina ce mini "baƙon nan, malamin makaranta".

Komai na tafiya daidai har matata Zainabu ta tafi gidansu a Kafur goyon ciki. Haihuwar fari ce, ga wankan jego a gaba, wato sai an ga watanni. Ta bar ni da garin masara, da kwanonta mai murfi, da hannuwana biyu waɗanda ko shayi ba su iya dafawa ba.

Ranar farko na ƙi fita ciyayya, na ce kaina ke ciwo. Rana ta biyu na ce ina duba takardun jarrabawa. A ganina, zuwa tabarmar mutane hannu rabbana babban abin kunya ne. (Ban tambayi kowa ba fa. Malamin makaranta ne ni, mu ake tambaya.)

Rana ta uku dabara ta zo mini. Bayan La'asar na cusa kwanon Zainabu a jakar littattafai, na hau babur na yi can bakin hanyar Dandume, nesa da unguwa, inda na taɓa ganin rumfar wata dattijuwa mai tuwo, Inna Delu. Na sayi malmala huɗu na tuwon masara da miyar kuka, na dawo ta lungu kamar wanda ya sato akuya.

Da Magariba na dire kwanona a tsakiya ina wani hura hanci. Malam Iro tela, wanda bakinsa ya fi kekensa gudu, shi ya fara kai loma.

"A'a! Malam, amarya ta dawo ne?"

Nan ne fa Allah ya buɗe mini ƙofar faɗin gaskiya, ni kuma na rufe ta da kaina.

"Ina fa. Ai hannuna ne," na ce. (Har yau ban san daga ina maganar nan ta fito ba.)

Alhaji Sale ya gutsiri tuwon, ya dangwali miya, ya daɗe yana kallona. Can ya ce, "Ikon Allah. Miyar nan kamar na san ta." Ni kuwa gogan naku sai na ɗauka yabo ne, har da cewa na gode.

Da na tsaya a nan, da sauƙi. Amma sati biyu na yi ina zaryar hanyar Dandume, kullum ƙaryar tana ƙara ƙiba. Na fara ba dattawa darasi a kan daddawa. Na ce sirrin miyar kuka shi ne a kaɗa ta ta hannun dama kawai. Wata rana har na ɗanɗani miyar gidan Malam Iro na ce masa kanwa ta ɗan yi yawa, ya gaya wa iyali su rage. Ya ce, "To, Malam, za a gyara," yana sunkuyar da kai. Na zaci kunya ce ta kama shi. Ashe dariya yake haɗiyewa.

Da damina ta matso, aka sa ranar aikin gayya don yashe magudanar ruwan unguwa. Ana rabon aiki a kan tabarma, wane shebur, wane baro, sai Alhaji Sale ya juyo gare ni.

"Malam, kai ba za mu ba ka shebur ba. Hannu irin naka ba na kwata ba ne. Kai za ka tuƙa wa masu aiki tuwo."

Kowa ya ce madalla. Ni ma na ce madalla.

Washegari na kira Zainabu na zayyana mata komai. Ta yi ta dariya har mahaifiyarta ta karɓe wayar ta ce kada in jawo wa yarinya naƙuda lokaci bai yi ba. Duk abin da na tsinta a bayaninta shi ne ruwa ya tafasa, a zuba gari. Sauran dariya ta cinye.

Ranar Asabar da hantsi na tarar an kafa murhu a ƙofar gidan Mai Unguwa, an ɗora tukunyar biki, an jingine muciya mai tsawon ƙugu. Matan gidajen kusa sun jeru ta saman katanga, wai sun zo koyon sirri. Na naɗe hannun kaftani, na yi bisimilla da ƙarfi don kowa ya ji. Ruwa na tafasa na ɗaga robar gari na juye ta duka a ciki, ba talge ba komai.

Jama'a, abin da ya biyo baya ba tuwo ba ne. Gudaji ne manya-manya kamar ƙwan agwagwa, waje jiƙaƙƙe ciki ɗanyen gari. Na soka muciya ta kafe. Na danna da ƙarfi, tukunya ta tofo mini a gaban riga. Hayaƙi ya cika mini ido, ƙasan tukunya ya fara ƙauri. Daga saman katanga wata ta ce, "Malam, ta hannun dama dai ko?"

Ina cikin wannan kokawa sai ga keke-napep ya tsaya, cike da kuloli. Wata dattijuwa ta sauko tana gyara mayafi tana kira, "Sale! Ina za a sauke abincin?" Duk unguwar nan ba mai kiran Mai Unguwa da sunansa gatsal. Na share hawayen hayaƙi na duba. Inna Delu ce.

Na yi ƙoƙarin ɓuya a bayan muciya. (Muciya fa.)

"A'a! Malam mai malmala huɗu!" ta ce, muryarta har bakin kwata. "Ashe a unguwar ƙanena kake? Jiya ba ka zo ba, na ajiye maka naka har ya huce." Ta leƙa tukunyar, ta riƙe haɓa. "Wa ya yi wa masara wannan wulaƙanci?"

Malam Iro ya saki shebur ya zauna dirshan a ƙasa. Masu aiki suka fito daga kwata da taɓo a ƙafa don su yi dariya da kyau. Ni kuwa ina tsaye da gari har a gira, ina roƙon ƙasa ta tsage.

Alhaji Sale ya jawo ni gefe yana goge ido da bakin rawani.

"Malam, tun lomar farko na gane. Miyar gyatumarmu ce, Yaya Delu ce ta gaje ta. Tun ina yaro nake shan ta. Shi ya sa na ce ta dafo wa masu aiki abinci yau."

"To, Alhaji, me ya sa ba ku faɗa ba?"

"Muna jin daɗin darasin daddawa," ya ce. Sai kuma ya daina dariya. "Amma ka ji wannan. A unguwar nan, wanda iyalinsa ta tafi gida ba ya kawo kwano. Hannunsa kawai yake wankewa ya zauna, mu ciyar da shi har ta dawo. Haka muka tarar. Kwana biyun nan da ka ƙi fitowa, mun zaci tuwonmu ka raina. Abin ya yi mana ciwo."

Wannan maganar ta fi dariyar duka shiga jikina. Ni ina can ina gudun a ce na zo ba komai, su kuwa suna nan suna jiran in zo ba komai.

Ranar da Magariba na fito hannu rabbana. Kafin in yi sallama Malam Iro ya ce, "Ku matsa wa Sarkin Tuƙi!" Aka matsa, aka turo mini kwano har uku. Sunan ya bi ni har yau, har ɗiyata da aka haifa a lokacin ana ce mata 'yar gidan Sarkin Tuƙi. Amma daga ranar ba wanda ya sake ce mini baƙo.

Abin da na koya shi ne, in ka shiga unguwa ka tambayi yadda ake yi, ko da kai ne mai riƙe da alli. In kuma ƙaryar ta zama dole, to ka fara binciken dangin mai tuwo. Gudajin nan kuwa awakin Malam Iro aka zuba wa. Sun shinshina, sun dube ni, suka wuce.