Jirgin Teku a Goronyo

Kwana uku da dawowata daga kwas a Sakkwato, inda aka koya mana yadda ake ba kowane ciwo da haɗari lambarsa, kwalekwalen Baba Altine ya kife a ƙasan dam da manoman albasa. An tsamo su da rai, aka kawo su asibitinmu.

Ni ne mai rajista. Babbar nas ta ce, "Malam, duba littahin lambobin tukuna."

"Hajiya, littahin na cikin kaina," na ce, na zuba lamba ina kaɗa biro.

Bayan mako biyu sai ga manya uku daga Sakkwato. Ashe lambar nutsewar ƙaton jirgin fasinja na rubuta, irin na teku.

"Muna son ganin jirgin," in ji babbansu.

Haka na kai su bakin gulbi. Baba Altine na zaune yana toshe ɓular kwalekwalensa da tsumma. Ya dube su, ya dube ni.

"Ɗana, mi kag gaya musu?"

Har yau in na ratsa kasuwa sai an sara mini: "Kyaftin, yaushe za mu Jidda?"