Yadda Za Ka Fi Kowa Horo a Masana'antar Ƙarfe Ba Tare da Tartsatsi Ya Taɓa Ka Ba

Kai da ke aiki a masana'antar ƙarfe, matso kusa. Ka ji ana ta cewa zamani ya juya, injuna sun fara tunani, duk ma'aikacin da bai sabunta iliminsa ba za a nuna masa ƙofa, ƙofar ma wadda shi ya ƙera da hannunsa. Kada gabanka ya faɗi. In ka bi matakan nan bakwai ɗaya bayan ɗaya, na yi maka alkawari za ka wayi gari ka fi kowa takardun shaidar horo a ma'aikatarku, tafin hannunka kuma yana nan da laushi kamar na jariri. Ba a littafi na karanto ba. Shekara talatin ina share garin ƙarfe da maganaɗisu a ƙarƙashin injuna, mai kallon ƙasa kuwa yana ganin inda ƙafar kowa ta nufa. Wani mutum ne ya gwada hanyar nan a gabana, ana ce masa Sha-Inuwa. Da labarinsa zan koya maka.

1. Ka zama wanda ba a jin rashinsa

Wannan shi ne tushe. Idan takarda ta zo daga ofis cewa a tura mutum ɗaya taron bita na kwana uku a otal, foman, wato mai kula da ma'aikatan sashe, ba ya tambayar kansa wa ya fi bukatar ilimi. Tambayarsa ita ce: wa zai tafi aiki bai tsaya ba?

A sashen da ake ƙera ƙofofi da tankunan ruwa akwai Guduma, yayan matar Sha-Inuwa, wanda shi ne ma ya samo masa aikin. Shekararsa ashirin da takwas yana yanka da walda. Yakan ɗora babban yatsa a bakin farantin ƙarfe ya faɗi kaurinsa, a kawo ma'auni a tarar haka ne. In ya shiga banɗaki ya daɗe, sashen duka sai ya tsaya. Irin wannan mutum ba ya zuwa bita, ba kuma zai taɓa zuwa ba.

Sha-Inuwa kuwa, da aka ba shi walda, sai ya haɗa ƙofa da teburin da aka ɗora ta a kai. Aka mayar da shi riƙe tef ɗin awo, ya riƙa farawa daga inda lambobin suka ƙare. Ranar da takardar farko ta zo, foman ya dubi sashe, ya hango shi bayan tanki yana nazarin inuwa.

"Kai, gobe za ka otal, an ce za a ƙara muku sani."

"Ranka ya daɗe, aikina fa?"

"Wanne?"

Ka yi iya ƙoƙarinka a yi maka irin wannan tambayar. Ita ce mabuɗin ilimi.

2. Ka iya zaman bita

Kada ka zauna gaba, malami zai ga idonka. Kada ka zauna baya, can yake farautar masu barci. Nemi layi na uku, gefen da iskar sanyi ke sauka. In aka kashe fitila aka kunna majigi, ka tallafe haɓa da hannu ɗaya kamar mai zurfin tunani. Sha-Inuwa ya ce akwai wata ƙura da ke iyo cikin hasken majigin, tana hawa tana sauka, kuma duk bitar da ya je ƙurar iri ɗaya ce. Na daɗe ina tunanin ko ita ma turo ta ake yi daga wata ma'aikata.

Abu uku za ka dawo da su: jaka, biro, da kalmomi. Kalmomin ka riƙe su da kyau: inganci, zamani, ɗorewa. Ba sa tsatsa.

Ka kuma sa ido a kan malamin. Ba abin da yake faɗa ba, yadda yake tsira. Sha-Inuwa ya gano cewa duk sanda aka yi wa malami tambayar da bai san amsarta ba, sai ya yi murmushi ya ce, "Tambaya mai kyau. Wa zai taimaka mana?" Kuma bai taɓa ganin malami ya ɗora hannu a kan inji ba. Sa wannan a aljihu, ranarsa tana zuwa.

3. Kada ka yi aiki da abin da aka koya maka

Nan sababbin shiga ke tuntuɓe. Wani ya je bita sau ɗaya, ya dawo ya gyara injin lanƙwasa ƙarfe. Tun daga ranar ya zama mai amfani, bai sake ganin ƙofar otal ba. Ilimin da ake aiki da shi cinyewa yake yi kamar sandar walda. Wanda aka ajiye kuwa yana nan sabo fil.

In foman ya tambaye ka me aka koya, ka ce, "An ce abin sai a hankali." Zai ji daɗi, don shi ma haka yake so.

4. Ka ba bango haƙƙinsa

Cikin shekara shida Sha-Inuwa ya tara takardun shaida talatin da ɗaya. Akwai ta kiyaye haɗari, akwai ta walda a ƙarƙashin ruwa, akwai ta sarrafa inji da kwamfuta har guda huɗu, da wata mai zanen zinariya a gefe, ta horar da masu horarwa, wadda ta ba shi ikon sa hannu a takardar wani. Ya sa musu gilashi ya jera a falo. Firam ɗin ƙarfen da ya riƙe su kuwa, Guduma ne ya yi masa.

"Baban yara, ƙyauren kicin ya sake saki," in ji matarsa.

"Uwar yara, wannan ƙaramin aiki ne, ni a kan manya aka horar da ni. Ki gaya wa Yaya."

Guduma ya zo ranar hutu ya ɗaure ƙyauren. Da zai fita ya tsaya gaban bango yana goge hannu da tsumma.

"Wannan ta mece ce?"

"Ta walda a ƙarƙashin ruwa ce, Yaya."

"To, madalla. Ashe shi ya sa a tudu ba ta yiwuwa."

In an yi maka irin wannan magana, ka yi dariya tare da mai yin ta. Gilashi ba ya jin habaici.

5. Ka jira ranar da takarda za ta fi hannu

Tana zuwa. Wata safiya babbar mota ta sauke sabon inji mai allon kwamfuta, wanda ke yanka ƙarfe da haske. Haske fa, irin wanda ke shigowa ta taga, amma an matse shi har ya yi kaifi. Na yi kwana uku ina tunanin ko in aka matse inuwa ita ma za ta yi wani aiki.

Manaja ya tara mutane ya ce yanka da hannu ya ƙare. Mai takardar sarrafa inji da kwamfuta zai zauna, maras ita ƙarshen wata ya ajiye hular kwano. Aka manna sunaye a allon sanarwa. A sama, shugaban sabon inji: Sha-Inuwa, wanda zai gwada shi ranar Alhamis a gaban Manaja da baƙi. A ƙasa, cikin mutum shida masu tafiya: Guduma.

Nan ne ya kamata ka girbe abin da ka shuka. Sai dai gida ba ofis ba ne. Da Sha-Inuwa ya koma, ya tarar da tsohon akwatin kayan aiki a tsakiyar falo, daidai ƙarƙashin takardunsa.

"Yaya ne ya kawo," in ji matar, ba ta dube shi ba. "Ya ce a ba ka, tunda kai ne gwani yanzu."

"Ya yi fushi?"

"Da ya yi fushi ai da sauƙi. Ƙyauren kicin ya duba, ya ce zai kai shekara, bayan nan mu nemi mai takarda." Ta ajiye masa abinci. "Shi ya riƙe ni, shi ya aurar da ni, shi ya kama hannunka ya kai ka wurin foman. In ya fita ƙofar ma'aikatar nan ƙarshen wata, ka ga bangonka nan, sai ku riƙa hira. Ni dai na gama."

Sha-Inuwa ya buɗe akwatin. Kowace ƙota ta sha hannu har ta ɗauki siffar yatsun mai ita. Ya gwada riƙe guduma, yatsunsa suka ƙi zama a gurbin. Ya rufe.

6. In rana ta ɓaci, ka buɗe aji

Alhamis ta yi. Manaja da baƙinsa a gaba, ma'aikata a baya, mai hoto a gefe. An ɗora farantin ƙarfe a kan inji, wani ya rubuta masa kaurinsa da alli: milimita biyu. Sha-Inuwa na tsaye cikin sabuwar rigar aiki. Iyakar abin da ya tabbata ya sani shi ne koren maɓalli yana tayarwa, ja yana tsayarwa. Allon kuma yana ta ƙyafta masa ido, yana jiran a gaya masa wani abu.

To, yanzu fito da abin da na ce ka sa a aljihu.

"Ranka ya daɗe," ya ce wa Manaja, "a ƙa'idar zamani, malami ba ya taɓa inji. Da izininka zan mayar da gwajin nan bita, a nan gida, don inganci da ɗorewa."

Manaja yana da rahoton da ake tambayarsa mutum nawa ya horar, ga kuma mai hoto a tsaye. Ya ce, "Ci gaba, Malam."

"Ina bukatar ɗalibi ɗaya wanda bai taɓa zuwa bita ba ko sau ɗaya."

Duk wuyan da ke wurin ya juya ga Guduma, wanda ke can baya ya harɗe hannu.

"Yaya, bismillah. Gemu ba ya hana ilimi."

"Rashinsa ma bai kawo maka ba," in ji Guduma ƙasa-ƙasa.

Amma ya taho. Ba don mijin ƙanwarsa ba. Farantin ne ya hango a karkace, idonsa kuwa ba ya iya haƙuri da karkataccen ƙarfe. Ya daidaita shi, ya ɗora yatsa a bakinsa.

"Wa ya rubuta biyu a nan? Uku ne."

Manaja ya juya. "Malam, biyu ne ko uku?"

Sha-Inuwa ya yi murmushi. "Tambaya mai kyau. Wa zai taimaka mana?"

Aka kawo ma'auni. Uku ne.

"Kun gani ko?" in ji Sha-Inuwa. "Da gangan na bar shi."

Guduma ya ƙura wa allon ido kamar mai duban sabon maƙwabci. "Ta ina ake gaya masa?"

Ga abin mamaki. Yatsan Sha-Inuwa ya miƙe da kansa ya nuna wani ɗan gida a kusurwar allo. Bita huɗu na gyangyaɗi a gaban hoto ɗaya sun bar masa shi a ido, kamar yadda garin ƙarfe ke bin maganaɗisu ba da niyya ba.

"Nan, Yaya. Sai ka danna kore."

Guduma ya sa uku, ya danna. Haske ya bi farantin a guje, ya zana furen ƙofa, furen ya faɗo. Ya ɗauka, ya shafa bakin yankan da yatsa, ya daɗe yana shafawa.

"Ɗan banza," ya ce wa injin a hankali. "Ya iya. Ku kawo wani."

A faranti na uku ya daina tambayar kowa.

Sha-Inuwa ya zaro farar takardar shaida daga jakar bita, ya zaɓi ɗaya cikin birukansa, ya sa hannu. Manaja ya ce ɗalibi ya karɓa da hannu biyu saboda hoto.

"Rubutunka ma a karkace yake," in ji Guduma ta tsakanin haƙora.

"Yi murmushi, Yaya, ana ɗauka."

Kafin a tashi aka soke sunan Guduma daga allon sanarwa. Sauran biyar ɗin aka sa musu aji mako na gaba, Guduma a matsayin mataimakin malami. Malamin ya zauna layi na uku.

7. Ka koma inuwarka

A gida magana ta dawo. Guduma ya ba ƙanwarsa takardar, ta buga ta da ƙusa a saman talatin da ɗayan nan, ba gilashi ba firam, don mai yin firam ya ce yanzu ba shi da lokaci.

Ranar Litinin wata takarda ta zo daga ofis: a tura mutum ɗaya bitar kwana uku kan yadda ake gano ma'aikatan da ke bukatar horo. Foman ya dubi sashe. Guduma na sunkuye a kan sabon inji, aiki ya yi layi a bayansa, in ya ɗaga ko na awa ɗaya komai ya tsaya. Ya waiwaya bayan tanki.

"Kai, gobe za ka otal."

Wannan karon Sha-Inuwa bai tambayi aikinsa ba. Jakarsa ma tana rataye a kafaɗa.

Gargaɗi

Duk abin da ya same ka bayan karanta wannan, tsakaninka ne da shi, ba ruwana. Hanyar ba ta aiki sai matarka tana da yaya irin Guduma, don haka ka bincika tun kafin ka fara. In duk ma'aikatarku ta karanta, kuka koma bayan tanki gaba ɗaya, inuwar ba za ta ishe ku ba, ni ma ba ni da wata. In ka danna kore babu Guduma a kusa, ja yana hannun dama. Iyakar sanina ke nan. Kada ka zo nemana da tambaya, ni mai shara ne, ban taɓa zuwa bita ba. Sau ɗaya na roƙa, foman ya ce in na tafi wa zai share?